Shirun Hannun Mazari

A garinmu sanyi ba baƙo ba ne, maigida ne. Duk wanda ya tashi da safe ya dafa bututun tagullar da ya ratsa bangon ɗakinsa ya ji ɗumi, ba ya tsayawa tambayar inda ɗumin ya fito, kamar yadda mai shan ruwa ba ya tambayar wanda ya haƙa rijiya. Amma kowa ya sani. Daga ƙetare yake zuwa, wata duniya da ke manne da tamu kamar ɗakin maƙwabci, inda babu rana babu wata, sai idanun ruwa masu zafi da haske. Kuma a kan zare yake zuwa.

Gidan zare yana ƙarshen kasuwa, bayan rumfunan maƙera. Dogon ɗaki ne, da kujerun katako a jere, kowace tana fuskantar bango, kuma a gaban kowace akwai 'yar huda da ba ta fi kafar allura ba. Ta nan zare yake fita. Da gashin mutum biyu da suka sha nono ɗaya ake murza shi, domin zaren bare ba ya ɗauko komai. Ɗaya ya ƙetara ya tsoma bakin zaren a idon ruwa, shi ne mai riƙo. Ɗaya ya zauna a nan, zare a hannun dama, hannun hagu a kan bututu, ɗumin ya ratsa ta jikinsa ya shiga tagulla, shi ne mai ja. Kowane zare da layin gidajen da yake ɗumamawa. Idan tankunan layin sun cika, mai ja ya aje zarensa a kasko ya tafi gida, mai riƙo ya naɗa nasa a wuyan hannu ya huta.

Magana ba ta bin zare, amma halin da hannu yake ciki yana bi. Fushi yana bi, tsoro yana bi, dariya ma tana bi. A waje ana cewa labarin zuciya a tambayi fuska, a gidan zare kuwa hannu ake tambaya. Daga nan dokokin gidan biyu suka fito. Ta farko, ba a ɗaure zare a jikin komai sai jikin mutum. Ta biyu, ba a taɓa zare sai an wanke hannu, kuma ba da sabulu ake nufi ba. Mutum ya zauna ya kwashe duk abin da ke ransa ya aje a bakin ƙofa tare da takalmansa, domin an taɓa yin mai riƙon da ya ji firgicin ɗan'uwansa ta zare, santsi ya kwashe shi ya faɗa idon ruwa.

Zaren layinmu yana hannun Yaya. Kowa Yaya yake ce mata, har tsofaffin da suka yi jika da ita, saboda tun tana yarinya ƙaninta yake bin ta yana kwaɗa mata wannan kira daga farkon layi zuwa ƙarshensa. Shi kuma Mazari muke ce masa. Yaron nan bai taɓa zama wuri ɗaya ba. Idan ƙafa ta tsaya hannu zai ɗauka, idan an riƙe hannun sai baki. Uwarsu, Inna, wadda ita ma a kujerar ja ta tsufa, takan ce ko barci yake yi sai ya harbe mayafi ya biyo shi da filo. Ranar da aka ce Mazari ne zai ƙetara, sai da mai burodin layinmu ya yi dariya har da riƙe ciki, ya ce to mu fara tara itace.

Da farko kuwa abin ya so ya zama haka. Zaren Yaya bai da hutu. Tana cikin ja sai ta ji yana kaɗa mata ɗan yatsa kamar mai kiɗa a kan tebur, ko ya sassauta zaren sai ta zabura sannan ya ja, tsokana kawai. Tsoho, wato shugaban gidan zare, ya sha tsayawa a bayanta yana girgiza kai. Ita kuwa sai ta haɗe rai ta ce za ta ci mutuncinsa ranar da ya dawo, alhali bakinta yana son yin murmushi.

Sai shekarar babban sanyi ta zo, wadda ta kashe bishiyoyin bakin titi. A shekarar ne ciwon ƙirji ya fara kama Inna, likita ya ce idan ɗakinta ya yi sanyi ko na yini ɗaya ne, a shirya. Yaya ba ta gama ƙwarewa ba a lokacin. Wata safiya ta zauna ba ta gama wanke hannu ba, tsoron ya zube a zare. Ta ji Mazari ya tsaya cak. Ya daɗe a haka, sannan ya matsa zaren a hankali, irin matsin da ake yi wa kafaɗar mutum. Tsoho ya yi mata faɗa kamar zai ari baki, ta yi kuka, ta yi rantsuwa ba za ta ƙara ba. Ba ta kuwa ƙara ba.

Inna ta tashi. Kafin sanyin ya wuce kuma, zaren ya natsu. Babu kiɗa, babu tsokana, ɗumi kawai yake zuwa, santala-santala, ba ƙari ba ragi. Tsoho ya fara kawo sababbin masu koyo bayan kujerar Yaya yana nuna musu. "Ku ga aiki. Wannan yaron da ake cewa ba zai yi ba, yau babu hannun da ya kai nasa natsuwa a ƙetare." Yaya ta riƙa jin daɗin maganar har kanta ya ɗan kumbura. A ganinta yarjejeniya suka yi ba da baki ba: ita ba za ta ɗora masa damuwarta ba, shi ma ba zai ɗora mata tasa ba. Mijinta ya rasu, ta je aiki da hannu a wanke. Ta yi ɓari, ta koma kujera da hannu a wanke. Shekaru suka yi ta wucewa, mu kuma muna kwana cikin ɗumi muna sa musu albarka. Ni dai ban ga laifin kowa a cikinmu ba, amma har yau idan na tuna yabon nan sai raina ya ɓaci.

To, bana ciwon Inna ya dawo, kuma wannan karon ba da wasa ya zo ba. Likita ya duba ta, ya fito tsakar gida ya daɗe yana gyara jakarsa, sannan ya ce wa Yaya duk wanda ake so ya gan ta a kira shi.

Ɗakin Inna ƙarami ne. Gado, kujera ɗaya, keken ɗinkin da ta daina takawa, da bututun da ya bi ta kan gadon. Idonta ya riga ya tafi, amma hannunta yana nan da kaifinsa. Kullum yana kan tagullar nan, kamar mai dafa goshin yaro. Gwaggo, ƙanwar mahaifinsu, ita ke jinya, tana yi tana mita, domin ita mita ce hanyar nuna ƙaunarta.

Inna ta ce, "Yaya, zo nan."

Yaya ta durƙusa a bakin gado.

"Ki kira mini ƙaninki."

Gwaggo ta aje kofin shayi da ƙarfi. "Kin ji ki! Idan ya dawo zaren ya mutu fa. Layi duka ya shiga sanyi, har da ke mai maganar. Kafin a horar da wasu 'yan'uwan a murza sabon zare, ai an daɗe."

"Ni sanyin me kuma zan ji tsoro yanzu?" in ji Inna. "Na ba gidan zare ƙuruciyata, na ba su 'ya'yana biyu. Ɗaya nake roƙo su ara mini, in ji muryarsa. Ko surutun banzan nan nasa ne ya yi mini."

Yaya ta ce, "Inna, kin san doka. Mai riƙo ne yake neman dawowa da kansa."

"Kar ki karanta mini doka, ina kujerar ja aka haife ki. Mai ja ma yana kira. Ki saki hannunki ya ji abin da ke ranki, ki fizga. Zai naɗa zaren a hannu ya amsa, ke kuma ki jawo shi. Me ya fi wannan sauƙi?"

Babu abin da ya fi shi sauƙi a faɗa. Yaya ta fita ta bi gidajen layin ɗaya bayan ɗaya, domin ba ta son a ce ta kashe wa mutane ɗumi ba sallama. Ta zaci za a yi mata tsiya. Mai burodi ne ya fara katse ta, hannunsa duk gari. Ya ce, "Haba Yaya, shekara nawa muna cin arzikin yaron nan? Ga tanderuna, duk mai jariri ya kawo shi nan. Je ki ɗauko mana Mazari, mun yi kewar rashin jinsa." Wata mata ce kawai ta yi tsaki ta rufe ƙofa, ita ma daga baya ta aiko da bargo a kai wa Inna.

Tsoho ne ya yi wuya. Ya saurare ta yana shafa gemu, ya kawo maganar sanyi, ya kawo maganar cewa babu wasu 'yan'uwa a shirye. Da ta ƙi motsi sai ya ce, "Hannu irin na ƙaninki ba a samunsa sau biyu."

Ta ce, "Uwa ma ba a samunta sau biyu, Baba."

Tsoho ya saki gemunsa. Can ya ce ta bari tankuna su cika tukuna, kuma shi zai tsaya a bayanta. "Amma ki ji ni da kyau. Sai ya amsa za ki ja. Idan zare ya shigo, ƙofarku ta ƙetare ta rufe ke nan har abada, ko da shi ko ba shi."

Washegari da hantsi tankuna suka cika. Sauran masu ja suka aje zarensu, amma ba wanda ya tafi gida, kowa ya sami abin da zai gyara a kujerarsa. Yaya ta ɗauke hannun hagu daga bututu ta kama zaren da hannu biyu. Sai ga wata matsala da ba ta yi tsammani ba: hannun ya ƙi magana. Ta daɗe tana koya masa shiru har ya manta da wani abu ban da shirun. Ta tuna fuskar likita, hannun ko gezau. Ta tuna mijinta, hannun yana nan kamar na gunki. Gumi ya karyo mata, kunya ta kama ta, wai ita ce yau take roƙon hawaye suna yi mata rowa.

Abin da ya karya ta ƙaramin abu ne. Ta tuna ranar da zai ƙetara, Inna tana ɗaure masa ƙunshin kaya da irin ƙullinta, mai kunne biyu da jela a soke ta ƙasa, shi kuma yana tsalle yana cewa a yi sauri kar ƙetaren ya tashi ya bar shi. Yana sanye da shuɗiyar rigar da Inna ta ɗinka masa, hannu ɗaya ya fi ɗaya tsawo. A nan kuka ya ƙwace mata. Duk abin da ta tara shekara da shekaru ya gangara cikin zaren, mutuwar miji, ɓarin, tsoron ɗakin da za a wayi gari babu Inna a ciki. Ta fizga.

Ɗumi ya ci gaba da zuwa, santala-santala.

Ta sake fizga. Ta jira. Ɗakin ya yi tsit har ana jin ƙarar guduma daga rumfar maƙera.

Ta ce, "Taurin kai ne. Baba, ka san shi. Wanke hannu yake yi mini, wai shi gwani. Kai Mazari, don ubanka ka amsa!"

Tsoho bai yi dariya ba. Ya miƙo yatsa biyu ya ɗora a kan zaren, abin da shugaba ba ya yi sai da dalili, ya rufe ido. Da ya buɗe, fuskarsa ta canja. Ya ce, "'Yata, aje zaren nan. Mu je ofis mu yi magana."

"Wace magana? Uwata tana can tana jira."

"Bai amsa ba. Na ce miki sai ya amsa."

"Yana riƙe da shi ai! Ga ɗumi yana zuwa. Idan yana riƙe, zai biyo shi ko yana so ko ba ya so."

Kafin Tsoho ya kama hannunta ta miƙe, ta taka bango da ƙafa ɗaya, ta ja da duk ƙarfinta. Hudar ta buɗe, ta yi faɗin kwano, ta yi faɗin taga, ta yi faɗin ƙofa. Wani haske ja-ja ya cika ɗakin, da iska mai warin jiƙaƙƙen dutse. Zaren ya turje, sannan wani abu ya karye a can, Yaya ta faɗi da baya a kan kujera. Bango ya koma bango, ko 'yar hudar ba ta rage ba.

Abin da ya shigo yana ƙasa a gabanta. Guntun saiwar itace ne, bai fi tsawon hannu ba, zaren yana ɗaure a jikinsa. An naɗa tsumma a ƙarƙashin zaren don kada saiwar ta cinye shi, tsumman ya koɗe ya ruɓe, amma ana gane shuɗi ne a da. Ƙullin kuwa mai kunne biyu ne, jela a soke ta ƙasa.

Yaya ta rarrafa ta ɗauka. Muryarta ta fito siririya. "Ɗaurewa ya yi ya ɗan zaga. Ka san ba ya iya zama. Baba, yana can, na rufe masa ƙofa! Na rufe wa ƙanina ƙofa!"

Tsoho ya durƙusa, gwiwoyinsa suna ƙara, ya juya saiwar ya nuna mata. Ɓawon itacen ya girma ya haɗiye rabin ƙullin, har sai an sa farce ake ganin zaren a ciki. Ya ce, "Wannan ba aikin jiya ba ne, ba na bara ba ne. Itace ba ya cin zare haka sai an shekara da shekaru. Iskar can tana kama ƙirji, waɗanda suka dawo sun sha faɗa. Mai riƙon da ya ji ta kama shi, fizgawa yake yi a jawo shi gida. Shi bai fizga ba, zaren ya ɗaure kafin ta ƙarasa shi."

Ba sai an gaya mata dalili ba. Ita ce ta zuba masa tsoronta ta zare a shekarar babban sanyi, shi kuma ya gane saboda Inna ne, ya san idan ɗakinta ya huce an gama.

Wata daga cikin masu ja ta ce, "Amma Baba, ai cewa aka yi idan an ɗaure zare ɗumi ba ya zuwa."

"Wa ya ce miki? Zuwa yake yi, har ya fi zuwa daidai. Shi ya sa aka hana." Ya share fuska da hannun riga. "Ni da na san haka, ni ne na riƙa kawo yara ina nuna musu saiwar itace ina cewa su yi koyi da ita."

Yaya ta sa saiwar cikin mayafinta ta fito. Rana tana tsaka amma ba ta da wani ƙarfi. A bakin layi ta tarar da mutane sun taru, mai burodi a gaba da wani ƙaton burodi da ya gasa musamman. Suka dubi bayanta, suka dubi fuskarta. Ba wanda ya yi tambaya, hanya kawai suka buɗe mata.

A ƙofar gida ta tsaya. Ta cire takalma, ta yi abin da ta fi iyawa a duniya: ta kwashe duk abin da ke ranta ta aje a gefensu. Gwaggo ta leƙo, ta ga ita kaɗai ce, ta toshe baki da zane ta shige kicin. Yaya ta shiga ɗaki da hannu a wanke tas.

Inna tana kwance, tafinta a kan bututu. Ta ce, "Ya fara hucewa. Kin jawo shi ke nan. Ina yake?"

"Yana gidan zare, Inna. Tsoho ya ce sai ya ɗan huta, idonsa bai saba da rana ba. An jima kaɗan zai shigo."

"Mazari ne zai huta?" Inna ta ɗauke hannu daga tagulla ta miƙa. "Ba ni hannunki."

Yaya ta ba ta. Tsohuwar ta riƙe, ta bi tafin da babban yatsa, ta bi wuyan hannun, a hankali, yadda ta saba bin zare. Hannun Yaya bai ce komai ba. Ko Tsoho da ya taɓa shi a lokacin da ya yaba.

Inna ta ce, "Wanda ƙaninsa ya dawo ba ya wanke hannu kafin ya shigo ɗakin uwarsa."

Yaya ta sunkuyar da kai.

"Ni na koya miki wannan shirun, ni za ki yi wa? Na daɗe ina dafa bututun nan, 'yar nan. Ɗumin da yake zuwa ba shi da ko ɗan tsalle. Na yi ta ce wa kaina girma ne ya zo masa." Ta numfasa, ƙirjinta yana ƙugi. "Tun yaushe?"

"Tun babban sanyi." Yaya ta zaro saiwar ta sa mata a ɗaya hannun. Yatsun Inna suka lalubi ɓawon, suka sami kunnuwan ƙullin, suka tsaya a kai.

"Ya iya, ashe. Kullum sai ya manta ya soke jelar." Ta rungume saiwar a ƙirji, amma ba ta saki hannun 'yarta ba. "To ki saki hannunki haka nan. Babu wanda zai faɗa ruwa yanzu."

Yatsa ɗaya ne ya fara, sannan tafin, sannan hannun gaba ɗaya ya ɗauki rawa har gadon yana motsi. Yaya ta so ta janye don kunya, Inna ta ƙara damƙewa, ta jawo hannun ta ɗora a kuncinta ta rufe ido.

Ta ce, "Bar shi. Haka nasa yake yi."